Yadda Muke Zubar da Rabin Fim Kafin Mu Zauna Kallonsa

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri gare ka da dukan ma'aikatan wannan jarida mai farin jini, ina roƙon ka ba ni fili in yi magana a kan wani al'amari da ya daɗe yana ci mini tuwo a ƙwarya, wanda kuma ban taɓa ganin an taɓo shi a shafinku na finafinai ba, duk da cewa ba na barin shafin ya wuce ni. Masu sharhinku suna ƙoƙari wajen tattauna labarin fim da tarbiyyar da ke cikinsa da ƙwazon 'yan wasa, amma hoton kansa, wato abin da ido yake gani, da kuma halin da yake iso mana a cikin gidajenmu, ba a cika waiwayarsa ba. Ni tsohon mai ɗaukar hoto ne. Na shafe sama da shekara talatin ina wannan sana'a a Fagge, tun zamanin da ake wanke hoto a ɗakin duhu da 'yar jar fitila, ana tsoma takarda a ruwan magani ana jiran fuska ta bayyana sannu a hankali. Saboda haka duhu wurin aikina ne, kuma na san cewa wanda ya iya sarrafa shi ya fi wanda ya iya kunna fitila wahalar samu.

Abin da ya tunzura ni na ɗauki alƙalami ya faru ne a falona makonni kaɗan da suka wuce. Akwai wani fim na Turawa, irin na almara mai ban tsoro da suke kira Gotik, wanda na taɓa kallo a gidan ƙanena a kan faifan Blu-ray na asali da ya zo da shi daga tafiya. Ba zan ambaci sunansa ba, domin ba talla na zo yi masa ba. Tsarin hotonsa ya burge ni ƙwarai har na riƙa ba iyalina labari, na kuma tabbatar musu cewa babu abin da ya saɓa wa kunya a cikinsa. Sai ɗana ya je wani shagon tura finafinai aka saka masa shi a waya, muka haɗa da talabijin bayan sallar la'asar muka zauna. Ba a yi minti ashirin ba uwargidana ta ce, “Malam, wannan ai ba a ganin komai,” yara kuma suka fara zamewa ɗaya bayan ɗaya. Ban ga laifinsu ba ko kaɗan, domin abin da ke gabanmu baƙin tabo ne mai motsi, wanda fuska kan ɓullo daga cikinsa jefi-jefi ta sake nutsewa. Sunan fim ɗin ɗaya ne, 'yan wasan su ne, maganganun ba su canja ba, amma abin da na gani a gidan ƙanena bai iso gidana ba.

Ya kamata in ɗan yi bayanin wannan salo, domin sai an san abin da masu shi suke nufi kafin a gane girman asarar. Kalmar Gotik, tun kafin ta shigo labarai da finafinai, sunan wani salon gini ne da ya taso a Faransa a ƙarni na 12. Masana suna ɗaukar majami'ar San Deni da ke kusa da Paris, wadda aka buɗe sabon ɓangarenta a 1144, a matsayin mafarinsa, kuma babbar majami'ar Notre-Dame da aka fara ginawa a 1163, wadda gobara ta ci rufinta a 2019, tana cikin mashahuran misalansa. Alamominsa su ne dogayen ginshiƙai, da baka mai tsini a saman ƙofofi da tagogi, da rufi mai haƙarƙari, da gilasai masu launi. Shi wannan baka mai tsini ya bayyana a ƙasashen Musulmi tun kafin Turawa su fara amfani da shi, domin yana nan a masallacin Ibn Tulun na Alƙahira da aka kammala a 879, kuma masana da dama suna ganin daga can ya tsallaka. Daga baya, a Ingila ta ƙarni na 18, marubuta suka ari sunan suka liƙa wa labaran da ke faruwa a tsofaffin fadoji da kufai, inda wani laifi da kakanni suka binne yake tasowa ya addabi jikoki. Da sinima ta zo, Jamusawa a shekarun 1920 suka ɗauki wannan ruhi suka mayar da shi hoto, har sukan zana inuwa da fenti a jikin bango da ƙasa domin ta tsaya daidai inda suke so. Tun daga lokacin, a irin wannan fim, gida yana da matsayi kamar na ɗan wasa, inuwa kuma ita ce ma'ajiyar labari.

Fim ɗin da nake magana a kansa ya riƙe wannan gado da kyau. Labarin wata budurwa ce da ta je karɓar gadon tsohon gidan kakanta a gefen wani tafki, ta tarar cewa gidan yana da mazauna waɗanda ba a lissafa su cikin magada ba. Waɗanda suka tsara hoton sun taƙaita kansu ga launi uku kacal. Duk abin da ke waje, da tafkin da dajin da sararin sama, launin gansakuka ne mai haɗe da toka. Cikin gida kuwa ruwan zuma ne na hasken kyandir, wanda ba ya kai wa bango, sai ya mutu a tsakiyar ɗaki ya bar kusurwoyi. Na ukun wani shuɗi ne mai sanyi da ba ya fitowa sai lokacin da wani abu daga ɗaya duniyar ya kusato, ta yadda kafin a kai tsakiyar fim idon mai kallo ya riga ya koyi jin faɗuwar gaba da zarar ya ga shuɗin ya fara taɓa gefen labule, ko da ba a buga wani kiɗa ba. Matakalar gidan an gina ta tana ƙara matsewa yayin da ake hawa, tufafin budurwar kuma suna ƙara duhu daga fitowa zuwa fitowa, har a ƙarshe ta kusa sajewa da bangon gidan da ta zo mallaka. Duk wannan magana ce da aka yi da launi, ba a furta ko kalma ɗaya ba.

Akwai fitowa guda da ba zan manta ba, kuma ita ce hujjata mafi ƙarfi. Budurwar tana tafe a wani dogon lungu na cikin gidan da kyandir a hannu, kyamara tana kallon fuskarta. A bayanta, can a kusurwa, akwai wani abu a tsaye mai siffar mutum, ba ya motsi, kuma ba a haska shi ba. Bambancinsa da bangon da ya jingina da shi ɗan kaɗan ne, baƙi ne a kan abin da ya kusa zama baƙi. A gidan ƙanena sai da na yi daƙiƙu ina kallon fuskar yarinyar kafin idona ya gaya mini cewa ba ita kaɗai ba ce, kuma a wannan jinkirin ne tsoron yake, domin ni na gano shi da kaina, ba nuna mini aka yi ba. A kwafin da aka tura wa ɗana, wannan siffa babu ita sam. Na tsayar da fim ɗin, na matsa kusa da talabijin, na duba kusurwar, ban ga komai ba sai wani baƙin faci mai murabba'ai kamar saƙar tabarma. Iyalina sun kalli wata yarinya tana yawo da kyandir na tsawon minti biyu ba tare da wani dalili ba, kuma da gaskiyarsu da suka ce fim ɗin yana da jan rai.

Bakano bai kamata a sha wahalar fahimtar da shi cewa baƙi iri-iri ne ba. Duk wanda ya taɓa tsayawa a marinar Ƙofar Mata ya ga yadda ake tsoma zane a ruwan baba, a ɗago shi ya sha iska, a sake mayarwa, ya san cewa tsakanin shuɗi mai haske da baƙi wuluk akwai matakai masu yawa, kuma kowane mataki yana da kuɗinsa. Rawanin ɗan Kura da mabuga suka daka da shuni har yana walƙiya, ba wanda zai haɗa shi da baƙin yadin kanti, ko da yake daga nesa dukansu baƙaƙe ne. To, mai ɗaukar hoton irin wannan fim marini ne da ke aiki a matakan ƙarshe na ramin, inda bambancin ya fi siranta.

Ga yadda ake hallaka wannan aiki. Hoton bidiyo na yau da kullum yana raba haske, daga baƙi zuwa fari, gida 256, sabon tsarin da ake kira HDR kuma yana raba shi gida 1,024. Fitowar da aka ɗauka da rana tana bazuwa a kan yawancin waɗannan matakai, amma fitowar dare tana cunkushe ne a 'yan matakan ƙasa, saboda haka ko kaɗan aka taɓa su sai ta rushe. Faifan Blu-ray, wanda ya shigo kasuwa a 2006, yana ɗaukar gigabayit 25 ko 50, da hoto mai ɗigo 1,920 a kwance da 1,080 a tsaye. Faifan DVD na yau da kullum yana ɗaukar gigabayit 4.7. Kwafin da aka tura wa ɗana, da na duba, bai kai megabayit 300 ba, alhali fim ɗin ya kusa awa biyu. Ma'ana, abin da ya iso hannunmu bai wuce kashi ɗaya cikin ɗari na abin da babban faifan mai gigabayit 50 yake iya ɗauka ba. Manhajar da ke matse fim ba ta san labari ba, an dai koya mata ta zubar da abin da take zaton ido ba zai lura da shi ba, kuma wurin da take fara kai hannu shi ne wurare masu duhu waɗanda bambancin launinsu bai da yawa. Sai ta tattara matakai da dama ta mayar da su ɗaya. Shi ya sa hasken kyandir, maimakon ya dushe a hankali, sai ya fito da zobba-zobba kamar an yanka albasa, hazo da hayaƙi kuma su koma tubala masu rawa. Idan aka ƙara da cewa kwafin yakan bi ta hannu uku ko huɗu, kowa yana sake matse shi domin ya shiga memori ko ya wuce ta WhatsApp, za a ga cewa fim ɗin rana yana iya tsira da rauni, amma na dare mutuwa yake yi.

Sai dai idan ɓera da sata, daddawa ma da wari. Ko da an kawo mana kwafi mai kyau, yadda muke zaman kallo yana cinye wani kason. Mu da muka yi zamanin Plaza da Orion da Eldorado da Marhaba mun san cewa ba a fara fim sai dare ya yi, domin yawancin wuraren zaman a fili suke, dare ne yake zame mana rufi. Ba mu san muna cin wata moriya ba, amma muna ci. Idon ɗan Adam yana buƙatar minti ashirin zuwa talatin kafin ya gama sabawa da duhu, abin da kowa ya sani idan ya baro ranar azahar ya faɗa zaure, ya tsaya yana lalube alhali mutanen da ke ciki suna ganinsa sarai. Farin allon sinima, bisa ƙa'ida, haskensa kusan 48 ne a ma'aunin da ake kira nit, kwafin gida na yau da kullum kuma ana daidaita shi a kan 100 a cikin ɗaki mai ƙarancin haske. Mu kuwa mun zauna da la'asar, taga a buɗe, ranar Kano tana dukan gilashin talabijin, ƙurar hunturu ta kwanta a kansa. A wannan hali baƙin da ke cikin fim ba zai taɓa fin hasken da ɗakin yake watsa wa gilashin duhu ba. Sannan mun saba kafa talabijin can sama kusa da silin, yara suna zaune a ƙasa suna ɗaga kai, alhali yawancin talabijin masu sauƙin kuɗi, waɗanda fitila ce a bayansu take haska hoton, launinsu yakan gurɓace idan aka kalle su daga ƙasa ko daga gefe.

Saitin talabijin ɗin ma abin dubawa ne. Galibi ana sayar mana da ita a kan saitin da aka yi domin ta ja ido a cikin shago, wanda aka rubuta wa Vivid ko Dynamic, kuma haka take zama har ta tsufa ba wanda ya taɓa. Wannan saiti yana ƙara shuɗi a kan komai, yana cika launi har ya yi kauri, yana kuma danne matakan ƙasa su zama baƙi ɗaya domin hoto ya yi kamar yana da ƙarfi. A fim ɗin da shuɗi yake da ma'ana ta musamman, idan talabijin ta shafa shuɗi a kowace fitowa, ta goge alamar da darakta ya kafa. Akwai kuma wani saiti da ke ƙirƙiro ƙarin hotuna a tsakanin hotuna 24 da fim yake nunawa a kowace daƙiƙa, wai domin motsi ya yi santsi, sai fadar da aka kashe dukiya aka gina ta koma kamar katako da fenti a ɗakin shirye-shirye. Masu shirya finafinai a Amurka sun koka da wannan har aka fito da wani saiti mai suna Filmmaker Mode a 2019, wanda yake kashe duk waɗannan ƙare-ƙare da dannawa ɗaya. Wanda talabijin ɗinsa ba ta da shi, ya zaɓi inda aka rubuta Cinema ko Movie. Da farko zai ga kamar hoton ya yi ja-ja ya kuma dushe, amma idan ya daure na kwana biyu idonsa zai saba, ya fara ganin fatar mutane da launinta na gaskiya. Ina kuma jan hankali game da maɓallin Brightness, domin a talabijin da yawa matsayin baƙi yake ɗagawa, saboda haka wanda ya ƙure shi don ya ga abin da ke cikin duhu zai mayar da dare ya zama toka ne kawai. Wanda ke ƙara ƙarfin fitilar shi ne Backlight.

Baƙaƙen layukan da ke fitowa sama da ƙasa ma ba lalacewa ba ce. Fim ɗin an ɗauke shi ne da faɗin da ya fi na talabijin, kuma duk wanda ya danna rimot ya cika allo da hoto, ya yanke kusan rubu'in faɗinsa, wato gefunan da ake ɓoye abin tsoro. Haka nan farin tambari da lambar waya da wasu masu turawa suke mannawa a kusurwa, ko rubutun talla da ke gudu a ƙasa, suna hana ido sabawa da duhu daga farkon fim har ƙarshensa.

Ba na so a ɗauka cewa wannan matsala ta talaka ce kaɗai ko ta Kano kaɗai. A 2019 an yi ta ce-ce-ku-ce a Amurka da Turai a kan wata fitowa ta yaƙin dare a wani shahararren shiri mai dogon zango, inda masu kallo suka ce ba su ga komai ba, mai ɗaukar hoton kuma ya ɗora alhakin a kan matsewar da ake yi wa hoto wajen watsa shi da kuma saitin talabijin da hasken ɗakunan mutane. Su da suke da intanet mai ƙarfi ke nan. Na kuma san tsadar data, na san wahalar wuta, na san cewa mutum yakan kalli fim ne lokacin da aka kawo wuta ko lokacin da aka tayar da janareta, ba lokacin da ya ga dama ba. Ba na zargin yaron da ke zaune a shago yana tura fim domin ya samu na abinci, ko da yake gaskiya ce cewa yawancin abin da ake turawa ba da izinin masu shi ake yi ba, kuma wannan haƙƙi ne da ya kamata mu ji nauyinsa. Amma araha ba ta ado, kuma ya kamata mai saye ya san abin da ya rasa a cikin arahar.

Abin da ya fi damuna, Malam Edita, ya wuce finafinan Turawa. Wannan hali ya koya wa masu shirya finafinanmu na Hausa tsoron duhu. Sun san cewa aikinsu zai ƙare ne a kan waya, ta YouTube ko ta shagon turawa, a hannun mai kallo da ke zaune a cikin A Daidaita Sahu da tsakar rana, saboda haka suke ambaliya da haske a kowace fitowa domin kada a ce hotonsu bai fita ba. Uzurinsu karɓaɓɓe ne, amma sakamakonsa shi ne, idan aka zo labarin aljanu ko mayu ko tsohon gida mai abin tsoro, sai a ga dare mai haske kamar filin ƙwallo, a shafa wa ɗan wasa farar hoda, a sa masa jan ido, a buga ƙara mai firgitarwa, ya ɓace ya sake ɓullowa. An nuna komai, ba a bar wa zuciyar mai kallo aikin da za ta yi ba. Alhali kakanninmu da suka yi mana tatsuniyar Dodo sun fi mu sanin wannan ilimi, domin ba su yarda a yi tatsuniya da rana ba, kuma ba su taɓa siffanta Dodo dalla-dalla ba, sai su bar acibalbal tana rawa a jikin bango, kowane yaro ya ƙera nasa Dodon da kansa.

Kuma wace ƙasa ce ta fi mu kayan aikin wannan salo? Ba sai mun ari fadar dutse ko dusar ƙanƙara ba. Mai kyamara ya shiga Gidan Makama, wanda asalinsa ke komawa zamanin Sarki Muhammadu Rumfa da ya yi mulki daga 1463 zuwa 1499, ya ɗaga kai ya dubi yadda magina suka ɗaure rufi da bakan gizo, azara a cikin ƙasa tana lanƙwasa daga bango zuwa bango, zai ga ɗan'uwan rufin nan mai haƙarƙari da Turawa suke alfahari da shi. Ya dubi yadda haske yake shigowa soro ta 'yar ƙaramar taga ya tsaya kamar sanda a cikin ƙura. Ya bi siraran lungunan da ke kewaye da kasuwar Kurmi bayan magariba, ya dubi inuwar zankwaye a kan sararin sama, ya tsaya a gindin abin da ya rage na badala, wadda aka fara ginawa tun zamanin Sarki Gijimasu, ya hau Dala da asubahin hunturu lokacin da hazo ya lulluɓe birni har hasumiyoyi kaɗai ake hange. Muna da tsamiya da kuka da kowane yaro ya taso yana jin ana cewa kada a zauna ƙarƙashinsu da tsakar rana ko da almuru, muna da tsofaffin rijiyoyi da kududdufai da kangwaye, muna da labarin Barbushe da Tsumburbura a tarihin garin nan. Muna kuma da babban jigon salon, wato gidan gado da 'yan'uwa suka kasa rabawa saboda wani zalunci da aka binne tun zamanin kaka. Ana iya yin wannan labari ba tare da an taɓa aƙida ba, domin ƙarshensa bayyanar gaskiya ne da mayar da haƙƙi ga mai shi.

Akwai wani ilimi da ya zama dole masu kyamararmu su nema da kansu, domin ba za su same shi cikakke a finafinan waje ba, shi ne haska baƙar fata a cikin dare. Mu da muka yi aiki da fim ɗin hoto na da mun san cewa an daɗe ana auna launinsa da farar fata, mu ne muke dabarun gyarawa a ɗakin wanki. Farar fuska tana kama ɗan hasken da ya samu ta yi fari a cikin duhu, baƙar fuska kuwa kyawunta yana cikin sheƙi, wato yadda haske yake zamewa a kan goshi da kunci da karan hanci. Saboda haka ba a buga mata fitila gaba da gaba. Ana kawo haske mai faɗi da laushi daga gefe, a sa wani ɗan siriri daga baya ya zana iyakar kai da kafaɗa, a bar sauran ga duhu. Fitilar ƙwai guda da farin ƙyalle da haƙuri suna iya yin abin da manyan fitilu huɗu ba su yi ba. A wani fim da ya fito a 1975, sai da daraktan ya nemo gilashin kyamara da kamfanin Zeiss ya ƙera wa NASA, hukumar binciken sararin samaniya ta Amurka, kafin ya iya ɗaukar fitowa da hasken kyandir kaɗai, amma a yau kyamarorin da matasanmu suke riƙewa suna gani a cikin hasken da bai kai wannan ba. Kayan aikin yana hannu, abin da ya rage shi ne tabbacin cewa aikin zai isa ga mai kallo yadda aka yi shi.

Saboda haka ina roƙon jaridarku, a duk lokacin da za a yi sharhin fim, na gida ko na waje, mai sharhin ya faɗi a kan me ya kalle shi da kuma ingancin kwafin, ya kuma keɓe ko da sakin layi ɗaya ne ga haske da launi da tsarin wuri, ya ambaci sunan mai ɗaukar hoton kamar yadda ake ambaton jarumi. Masu shirya finafinanmu kuma, idan za su saki aiki, su ɗora kwafi mafi inganci da suke da shi, su bar mai ƙaramar data ya rage da kansa, maimakon su rage wa kowa tun daga tushe. Masu shagunan turawa, waɗanda suke da izinin abin da suke sayarwa, su riƙa ajiye babban kwafi da ƙarami, su gaya wa mai saye bambancinsu.

Ni dai na koma gidan ƙanena na aro faifan da na'urarsa. Na jira daren Juma'a bayan sallar isha'i, na goge gilashin talabijin da tattausan ƙyalle, na sauko da ita daidai da idon wanda ke zaune, na canja saitin, na saki labule, na kashe fitilun falo na bar wata 'yar ƙarama a bayan talabijin domin kada ido ya gaji. Ban gaya wa kowa abin da zai gani ba. Da aka zo fitowar lungun nan, falon ya yi tsit na ɗan lokaci, sai na ji 'yar autata ta kama hannun mahaifiyarta tana raɗa mata cewa, “Umma, akwai mutum a bayanta.”

Wassalam.

Naku,
Tsohon mai ɗaukar hoto,
Fagge, Kano.